An rataye zanensu, amma wa ke riƙe da makulli?

A shekarar 2024, babban baje kolin fasaha na birnin Venis a Italiya ya zo da abin da ba a saba gani ba. Masu zane daga al'ummar Huni Kuin, mazauna dajin Amazon a jihar Acre ta Birazil, su ne suka ƙawata fuskar babban zauren taron da zanen kada da kifaye da tsuntsaye. Amurka ta tura Jeffrey Gibson, jinin Choctaw da Cherokee, ɗan asalin ƙasa na farko da ya wakilce ta shi kaɗai a wannan dandali. Rumfar Birazil kuwa, 'yan asalin ƙasar su uku aka damƙa wa tsara ta. Jaridu sun yi ta yabo, kuma abin ya cancanci yabo. Ai ba a daɗe da barin zamanin da ake jera aikin waɗannan mutane kusa da ƙasusuwan dabbobi da duwatsu ba, kamar masu shi sun ƙare. Gidan Metropolitan na New York da aka kafa a 1870 bai ɗauki jami'ar da za ta kula da fasahar 'yan asalin Amurka ta musamman ba sai a 2020, lokacin da ya naɗa Patricia Marroquin Norby.

Abin da ya fi damuna shi ne abin da ke biyo baya in an watse. Rataye zane a bango ba shi da wuya. Wuyar tana wajen wanda zai ce wannan a nuna, wancan a ɓoye, ga abin da za a rubuta a ƙarƙashinsa, ga inda zai kwana.

Labarin Sandra Benites ya isa misali. 'Yar ƙabilar Guarani ce, malamar makaranta kafin ta shigo harkar. A 2019 gidan fasaha na MASP da ke São Paulo ya naɗa ta cikin masu tsara baje kolinsa, aka yayata cewa ita ce 'yar asalin ƙasa ta farko da ta taka wannan matsayi a wani babban gidan fasaha na Birazil. A 2022, ita da abokiyar aikinta Clarissa Diniz suna haɗa wani sashe kan gwagwarmayar ƙwato ƙasa, sai hukumar gidan ta ƙi amincewa da wasu hotuna, ciki har da na ƙungiyar manoma marasa gona, wai lokacin neman su ya ƙure. Benites ta ajiye aiki. Daga baya, da surutu ya yi yawa, gidan ya janye, aka nuna hotunan. To amma ita ta riga ta tafi. An ba ta kujera da suna, ranar da ta zo amfani da su a kan batun da ya fi ci wa mutanenta tuwo a ƙwarya, wato ƙasa, sai aka nuna mata iyakarta.

Batun alkyabbar Tupinambá, wata al'ummar 'yan asalin Birazil, ya fi wannan taɓa zuciya. Alkyabba ce da aka saƙa da jajayen gashin tsuntsu kusan 4,000, tana ajiye a Kopenhegan ta ƙasar Denmak tun ƙarni na 17. Irinta goma sha ɗaya ne aka san sun rage a duniya, kuma kafin 2024 dukkansu suna Turai. A shekarar 2000 aka kawo ta aro São Paulo, wata dattijuwar Tupinambá ta je ta gan ta, daga nan al'ummar ta fara neman a dawo da ita. Denmak ta amince, alkyabbar ta iso Rio de Janeiro a Yulin 2024. Sai dai shugabannin Tupinambá sun koka cewa sai da ta sauka sannan aka sanar da su, alhali su ba kaya suka ɗauke ta ba, kakarsu ce da ya kamata a tarbe ta da addu'o'insu. Kuma ba garinsu a jihar Bahia aka kai ta ba, Gidan Tarihi na Ƙasa aka kai ta, wanda gobara ta cinye a 2018. Da aka yi bikin karɓarta a watan Satumba, sun tuna wa shugaban Birazil Lula cewa har lokacin ba a kammala shata musu iyakar ƙasarsu ba. Mu a Nijeriya mun san irin wannan takaddama, domin mun ga yadda aka yi ta jayayya kan tagullan Binin, ko fadar Oba za su koma ko hannun gwamnati.

Na san hujjar ɗaya ɓangaren, kuma ba ta banza ba ce. Gashin tsuntsu mai shekara fiye da 300 ba ya jure zafi da laima da ƙwari, yana buƙatar ɗaki na musamman da ƙwararru. Amma buƙatar ƙwararre ba ta mayar da shi mai kaya. Kuma masu ganin ilimin saƙa irin wannan alkyabba ya ɓace daga hannun jikokin masu shi, su dubi Glicéria Tupinambá. Ta bi gidajen tarihin Turai tana nazarin ƙullin zaren tsofaffin alkyabbun, ta haɗa da abin da ta koya wajen iyayenta mata na saƙar raga, ta saƙa sababbi da gashin tsuntsayen da mutanen ƙauyenta na Serra do Padeiro suka tsinto mata. Nata alkyabbun ana sa su a jiki, ana rawa da su. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

A Amurka doka ce ta fara tilasta abin. Tun 1990 akwai dokar mayar da gawawwaki da kayan ibada ga ƙabilu, amma gidaje da yawa suka yi ta jan ƙafa. Da aka tsaurara ƙa'idojinta a Janairun 2024, aka ce sai da yardar masu abu kafin a nuna shi, nan take babban gidan tarihin halittu na New York ya rufe zaure biyu, na Chicago ya lulluɓe wasu akwatunan gilashinsa. Shekara 34 ke nan ana iya tambayar izini, ba a tambaya ba.

Tsarin da ya fi kwanta mini a rai daga Gwatamala ya fito. Edgar Calel, ɗan ƙabilar Maya Kaqchikel, yana da wani aiki na duwatsu da ake ɗora wa 'ya'yan itatuwa da kayan lambu a matsayin sadaka ga magabata. Da gidan Tate na Landan ya nemi aikin a 2021, ba a yi cinikin mallaka ba. An ƙulla yarjejeniyar riƙon amana ta shekara 13, aikin yana nan na mai shi da al'ummarsa, kuma ana gudanar da al'adar da ke tare da shi idan za a baje shi. In wa'adin ya cika, dole Tate ta koma ta sake zama da su. Irin wannan sharaɗi nake son gani a rubuce cikin takardun MASP da na gidan tarihin Rio, da sa hannun mutanen da abin ya fito daga cikinsu.