Kada Haƙuri Ya Cinye Haƙƙin Malami

Ƙanwata ta kammala karatun NCE a wata kwalejin ilimi, amma da takardar sakamakonta ta fito sai aka tarar an ɓata rubutun sunan mahaifinmu, ya saɓa da wanda ke kan katinta na ɗan ƙasa. Wannan kuskure na harafi biyu ya hana ta kammala rajistar jarrabawar ƙwarewa ta Majalisar Rajistar Malamai ta Nijeriya, wato TRCN, har aka rufe. Majalisar nan, wadda aka kafa da doka a 1993, ita ke ba malami lasisin koyarwa, kuma tun 2017 ake zama jarrabawarta. Wanda ya rasa zama ɗaya sai ya jira zagaye na gaba, guraben ɗaukar malamai kuwa ba sa jiran kowa.

Ni kuma na yi abin da mu mazauna waje muka saba. Na yi ta buga waya ina neman wanda ya san wani, ina tura kuɗin mota, ana ce mata ta yi haƙuri, magatakarda ya yi tafiya. Sai bayan wata biyar wani lauya ya faɗa mini abin da ya kamata in sani tun ran farko: yayin da muke kamun ƙafa, wa'adin shari'a yana ƙarewa.

Dokar kare jami'an gwamnati a Nijeriya ta ba da wata uku kacal a shigar da ƙara kan abin da jami'i ya yi, ko ya ƙi yi, a bakin aikinsa. Akwai togaciya idan cutarwar mai ci gaba ce, amma mai hankali ba ya jingina makomarsa da togaciya. Alkawarin baki ba ya tsayar da wannan wa'adi.

Hanyoyin kuwa a buɗe suke. Ta farko ita ce wasiƙar koke zuwa ga magatakarda, a buga mata hatimin karɓa da kwanan wata, a riƙe kwafi. Dokar kare bayanan jama'a ta 2023 ta ba kowa damar neman a gyara bayanansa da aka rubuta ba daidai ba. Dokar 'yancin samun bayanai ta 2011 ta wajabta wa hukumar gwamnati ta amsa buƙata cikin kwana bakwai, don haka ana iya tambayar inda fayil ya maƙale. Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, wadda aka kafa a 1975, tana bincike kyauta, sai dai ba ta karɓar koken da ya haura wata goma sha biyu. Idan duk suka faskara, babbar kotu tana da ikon umartar hukuma ta yi aikin da doka ta ɗora mata, ko ta soke shawarar da aka yanke ba tare da an saurari mai haƙƙi ba, domin sashe na 36 na kundin tsarin mulkin 1999 ya tabbatar da 'yancin a saurare shi.

Wasu za su ce kotu tana da tsada da jan ƙafa, kuma ɗan talaka da ya ja da ofishi shi zai kwana ciki. Akwai gaskiya a nan, kuma ban ce kowane kuskure sai an kai shi gaban alƙali ba. Amma jami'in da ya ga wasiƙa mai hatimi ya san akwai ranar da za a tambaye shi, wanda aka roƙa ta waya kuwa alfarma yake yi in ya ga dama. Kamun ƙafa yana ceton mai uwa a gindin murhu ne kaɗai. Ɗiyar manomi da ba ta da ɗan'uwa a Landan ko Jidda fa?

Shawarata ga ƙungiyarmu ita ce lauyoyin da ke cikinmu su tsara samfurin wasiƙar koke da Hausa da Turanci, a raba wa ɗaliban kwalejojin ilimi kyauta, a kuma ware ɗan asusu don kuɗin lauya a matsalolin da wa'adinsu ya kusa cika. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Duk wanda ƙaninsa ko ƙanwarsa ta kira shi da irin wannan kuka, kafin ya nemi lambar wani babba, ya fara tambaya: yaushe abin ya faru, kuma an rubuta wasiƙa?