Wuta Ba Ta Ƙone Zunubi

A shekarar 2007 gwamnatin Malam Ibrahim Shekarau, ta hannun shirin A Daidaita Sahu, ta cinna wa littattafan soyayya wuta a Kano, bisa zargin suna lalata tarbiyyar 'yan mata. Har yau a majami'unmu, daga Unguwar Tudu zuwa sauran ƙasar Gwarzo da Kabo, akwai dattawan da ke ganin duk littafin da ya ambaci zina ko cin amana wuta ce ta dace da shi. Wannan ra'ayi kuskure ne, kuma Littafi Mai Tsarki kansa shi ne shaidata.

Buɗe 2 Sama'ila sura 11. Sarki Dawuda ya ɗauke matar Uriya, ya kuma shirya a kashe mijin a bakin dāga. Sura 13 ta faɗi yadda Amnon ya yi wa ƙanwarsa Tamar fyaɗe. Ruhu Mai Tsarki bai sakaya ko ɗaya ba. Da me annabi Natan ya karya zuciyar Dawuda? Da ƙagaggen labarin attajirin da ya ƙwace 'yar tunkiyar matalauci.

Masu son ƙonawa sukan kafa hujja da Ayyukan Manzanni sura 19. To, a Afisa masu sihirin da suka tuba ne suka kawo littattafansu da hannunsu. Tuba ce ta riga wuta.

Gaskiya ne akwai littattafan da ke shafa wa zunubi zuma, su ɓoye hawayen wanda aka zalunta. Waɗannan guba ne. Amma a dubi *Alhaki Kuykuyo Ne* na Balaraba Ramat Yakubu, inda magidanci ya kori uwar 'ya'yansa saboda amarya, alhaki kuma ya biyo shi har gida. Wanda ya ƙone irin wannan, azzalumi ya rufa wa asiri.

Ubangijinmu ya koyar a Markus sura 7 cewa daga zuciya mugunta take fitowa. Yau kuwa labaran sun koma cikin waya, inda ashana ba ta kaiwa. Saboda haka, iyaye, ku zauna ku karanta tare da 'ya'yanku, ku tambaye su: wa aka cuta a labarin nan, kuma marubucin bayan wa ya bi? Yaron da ya iya amsawa ya sami garkuwar da zai tafi da ita har inda idonku ba ya gani. Ubangiji ya ba mu hikimar rarrabewa. Amin.