BASIC INSTINCT: FITSARAR DA AKE KIRA 'YANCIN MATA

A watan Maris na 1992 ne masana'antar finafinai ta Holiwud da ke Amurka ta saki wani fim mai suna Basic Instinct. Yau fiye da shekara talatin ke nan, amma har gobe marokan masana'antar suna yi masa kirari. Wai fim ne da ya kafa tarihi, wai ya nuna mace mai ƙarfin hali wadda ta fi ƙarfin maza. To, bari a ajiye kirari gefe guda, a duba abin da ya faru da mutanen da suka yi shi, don matashi ya san irin hajar da ake tallata masa.

Labarin bai taka kara ya karya ba. An kashe wani mawaƙi a birnin San Faransisko da tsinken fasa ƙanƙara. Ɗan sandan da aka ba bincike, wato Michael Douglas, sai ya faɗa tarkon matar da ake zargi, wata marubuciyar littattafai da Sharon Stone ta fito a matsayinta. Daga nan sai zina da jini, jini da zina, har a tashi. A kan wannan labarin aka biya marubucinsa Joe Eszterhas dala miliyan 3. An kashe kimanin dala miliyan 49 wajen shirya fim ɗin, ya kuma tara sama da dala miliyan 350 a duniya.

Tun kafin ya fito rigima ta tashi. A 1991, ana cikin ɗaukarsa, ƙungiyoyin masu neman jinsi ɗaya suka yi ta zanga-zanga a San Faransisko, suna cewa an nuna su a matsayin masu kisan kai. Wasu ƙungiyoyin mata suka ce cin mutuncin mace ne. Ita kanta hukumar tace finafinai ta masana'antar sai da ta sa aka yanke wasu daƙiƙoƙi kafin ta yarda a nuna shi a yawancin silimomi. Me ya biyo baya? Rigimar ta zama talla kyauta, jama'a suka yi dafifi don ganin abin da ake ta surutu a kai. Ɗan jari-hujja ba ya tsoron zagi, don ya san zagin ma kasuwa ce.

Yanzu a zo kan maganar 'yancin. An biya Michael Douglas dala miliyan 14. Ita kuwa matar da aka baje tsiraicinta a gaban duniya, wadda da surarta aka sayar da fim ɗin, dala dubu 500 aka ba ta. Wato a duk dala ɗaya da ta karɓa, namijin ya karɓi 28. Ina 'yancin yake?

Wannan ma somin-taɓi ne. A littafin tarihin rayuwarta da ta fitar a 2021, Sharon Stone ta yi bayani kan fitowar nan da fim ɗin ya yi ƙaurin suna da ita, inda 'yan sanda ke yi mata tambayoyi. Ta ce yaudararta aka yi. An sa ta cire tufafin ciki da hujjar cewa farinsa yana ɓata hasken hoto, aka kuma tabbatar mata ba abin da zai fito. Ba ta ga abin da aka ɗauka ba sai a wani ɗaki cike da mutane. Ta ce ta tashi ta sharara wa daraktan, Paul Verhoeven, mari, ko da yake daga baya ta bari aka fitar da wurin. Shi daraktan ya musanta, ya ce da saninta aka yi. To, ko ma wa ke da gaskiya a cikinsu, sana'ar da mace za ta shekara talatin tana jayayya kan yadda aka yi aka ga al'aurarta, ai ba sai an tambayi malami matsayinta ba.

Abin bai tsaya nan ba. A 2023 ta faɗa da bakinta cewa fim ɗin ne ya jawo ta rasa riƙon ɗanta bayan mutuwar aurenta a 2004. A cewarta, alƙali ya tambayi ƙaramin yaron ko ya san uwarsa finafinan batsa take yi. Dubi wannan munafunci! Tsarin da ya tafa mata a silima, shi ne ya tozarta ta a kotu. Da aka dawo da ita a kashi na biyu a 2006, tana dab da shekara hamsin, fim ɗin bai ko mayar da kuɗin da aka kashe ba, masu sharhi suka mayar da ita abin dariya. An sha romo, an yar da ƙashi.

Shi ma marubucin bai tsira ba. Bayan ya kamu da sankarar maƙogwaro, Eszterhas ya rubuta a jaridar New York Times a 2002 yana nadamar yadda ya ƙawata shan taba a finafinansa, har da wannan. Idan wanda ya rubuta fim ya yarda cewa hoton sigari a hannun 'yar wasa yana iya jan matashi ya kama shan taba, da wane baki wani zai ce hoton zina ba ya barin tabo a zuciya? Masu cewa "ai fim ne kawai" su amsa.

A da, sai an nemo kaset ɗin bidiyo a ɓoye, ko a raɓa gidan kallo da dare ana waige-waige. Yau wannan fim da dubban jikokinsa suna cikin wayar da ke aljihun matashi, ba mai gadi, ba kuɗin ƙofa. Saura ƙofa ɗaya tak da ba a ɓalle ba, ita ce idon mai wayar. Ba banza ba Suratun Nur ta fara da umartar maza da runtse ido kafin ta juya kan mata. Duk saurayin da ya zauna kallon irin wannan, ya sani shi ne kasuwar. Da kuɗinsa da lokacinsa ake biyan wanda zai yaudari wata 'yar mutane gobe, kuma da idon da ya saba da wannan kallo zai dubi matar da zai aura.

Allah Ya tsare idanun matasa da zukatansu, Ya shiryi waɗanda aka yaudara.