Birin China ya iso Ikara, Gizonmu yana ina?

Ran nan na shiga shagon masu tura fina-finai a nan Ikara, sai na iske yara uku sun yi cincirindo kan waya ɗaya suna musu: wai tsakanin Spider-Man da "birin nan mai sanda" wa zai ci wani? Birin dai Sun Wukong ne. Ni a The Forbidden Kingdom na 2008 na fara ganinsa, inda Jet Li ya fito a matsayinsa, ga kuma Jackie Chan.

Jama'a, wannan biri ya haura shekara 400 a rubuce. Daga littafin Journey to the West na ƙarni na 16 ya fito. Gidan talabijin na CCTV ya mai da shi shiri mai dogon zango a 1986. A watan Agustan 2024 kuma kamfanin Game Science ya saki gem ɗin Black Myth: Wukong, aka sayar da kwafi miliyan 10 cikin kwana uku. Kwana uku fa!

Ba mu kaɗai ya shigo wa gida ba. A ƙasar Kambodiya ma suna kallonsa da fassarar yarensu na Khmer, kamar yadda muke kallon Indiya-Hausa, alhali suna da nasu jarumin birin, Hanuman. Amma a 2018 UNESCO ta sa wani nau'in rawarsu ta Lakhon Khol, inda ake taka Hanuman ɗin, cikin jerin al'adun da ke neman ceton gaggawa. Wannan ne ya tsaya min a rai.

Mu fa muna da Gizo. Wayo, kwaɗayi, tsaurin ido, ga tsamin baki: duk abin da ake nema a jarumin barkwanci ya tara. Kannywood ta taɓa ɗaukar tatsuniya ta yi Daskin Da Riɗi, kuma ya karɓu. Yanzu da ka yi maganar Gizo sai a ce ai babu kuɗin siddabarun kwamfuta. Ban yarda ba. Shirin nan na 1986, kusan dukansa da kyamara ɗaya aka ɗauke shi. Abin da ya raya birin shi ne kowane zamani sai an sake ba da labarinsa.

Kafin in fita na tambayi yaran sunan matar Gizo. Biyu suka yi shiru. Ƙaramin ya ɗago kai ya ce, "Yaya, yanar gizo kake nufi?"