Fim Ɗin da Ba Ya Magana, Mai Kallo Ne Ke Ba Shi Baki



Matasanmu sun fara ɗaukar gajerun finafinai da waya, na minti 2 ko 3, babu waƙa, babu rawa, wani ma babu magana. Wasu iyaye na cewa shirme ne tunda ba labari. Mu muna ganin a ba yaran nan dama.

Haka fim ya faro. Finafinan da 'yan uwan nan Lumière suka nuna a Faransa a 1895 ba su kai minti guda ba, ɗaya ma ma'aikata ne kawai ke fitowa daga masana'anta. Daga baya Lev Kuleshov na Rasha ya haɗa fuskar mutum ɗaya da kwanon miya, sannan da akwatin gawa. Masu kallo suka ga yunwa a na farko, baƙin ciki a na biyu, alhali fuskar ba ta canza ba. Ashe rabin labarin yana zuciyar mai kallo.

A kafa kyamara a bakin tafkin Rayfield na minti 3 a gani. Dattijon da mahaifinsa ya yi aikin kuza zai ga ramin da Turawa suka bari da gumin leburori. Saurayi zai ga wurin shaƙatawa. Uwa kuwa gabanta zai faɗi, don ta san zurfin irin waɗannan ramuka.

Amma fa akwai hatsari. Mu da muka ga rikicin 2001 da na 2008 mun san hoton da ba bayani kowa na iya ɗora masa fassarar da ta dace da fushinsa. Don haka duk wanda ya ɗauki hayaƙi ko taron jama'a ya rubuta wuri da rana, kuma ya nemi izinin waɗanda ya ɗauka.

Hukumar Finafinai ta Najeriya, wadda aka kafa a 1979, a Jos hedikwatarta take, haka ma makarantarta ta koyon fim. Abin kunya ne a ce 'ya'yanmu ba sa cin moriyarsu.

Shawararmu ita ce a riƙa kallon finafinan nan tare bayan taron wata, kowa ya faɗi abin da ya gani kafin mai fim ya yi bayani. Wanda ya saba jin fassarar maƙwabcinsa, ba a saurin zuga shi.

Allah ya zaunar da Filato lafiya.

Sakataren Ƙungiya