Waiwaye: Kiɗan Jos da Landan ta Adana Mana

A 2001 kamfanin Strut na Landan ya fitar da kundin Nigeria 70, faya-fayan kiɗa biyu cike da sautin shekarun 1970, irin wanda ke haɗa jitar lantarki da ƙaho da ganguna, ana ce masa funk da rock. Sunan Legas aka buga a jikin kwalin, amma Arewa na ciki. Ga Bala Miller da waƙarsa ta Hausa, "Ikon Allah". Ga Bongos Ikwue, wanda daga baya ya rera taken shirin Cock Crow at Dawn na NTA Jos. Ga kuma Sahara All Stars, ƙungiyar da ta maƙala sunan Jos a jikin nata, kafaɗa da kafaɗa da Fela Kuti da Sunny Ade.

Mai sauraron "Enjoy Yourself" ta Sahara All Stars zai ji garin da ya haife ta. Kuza ce ta tara mutane a tsaunin Jos: Birom da Anaguta da Afizere suna nan, Hausawa da Yarbawa da Ibo da Urhobo suka zo cin abinci, suka zauna. Makaɗin da ke son cika fili a irin wannan gari dole ya iya taɓa zuciyar kowa a dare ɗaya. Shi ya sa kiɗan ya fito da amon Amurka da na kudu a gauraye, ba tare da ya zama kwaikwayo ba.

A watan Satumba na shekarar da kundin ya fito rikici ya ɓarke a Jos. Mutanen Turai na rawa da sautin zaman tarenmu, mu kuma muna raba unguwanni. Bayan wasu shekaru kamfanin Soundway na Ingila ya sake tono waƙoƙin ƙungiyar, har da "Take Your Soul". Su suka bi kasuwanni da ɗakunan ajiya suna neman tsofaffin faya-fayan garmaho, suka wanke, suka tace sautin. A gidajenmu kuwa faifan na ƙasan akwati, an jibga masa kaya har ya lanƙwashe, gara ta cinye kwalin da ke ɗauke da sunayen makaɗan. Yaron da ya haddace waƙoƙin P-Square da M.I da Ice Prince, 'ya'yan Jos, da wuya ya san cewa akwai waɗanda suka share musu hanya.

Wannan magana ta fi shafar mutanen unguwar Daɗin Kowa da ke Jos. Lokacin tashin hankalin 2008 da 2010, dattawan unguwar nan, Musulmi da Kirista, sun haɗa baki suka riƙe matasansu, wutar ba ta ci unguwar ba. Waɗanda suka iya kare zaman tare su ya kamata su adana shaidarsa. Wa'azin zaman lafiya yaro kan ji ya manta, amma faifan da kakansa ya yi rawa da shi tare da maƙwabcinsa hujja ce da zai riƙe a hannu.

Aikin ba shi da tsada. A fito da faifan, a goge shi da ƙyalle mai laushi, a jera shi a tsaye nesa da rana da danshi. A ɗauki hoton kwalin da waya, a naɗi sautin a kwamfuta. Haka za a yi wa kaset-kaset ɗin Ɗanmaraya Jos, wanda ya rasu a 2015. Tsofaffin makaɗa da ma'aikatan rediyo da ke raye, a zauna da su a ɗauki bayaninsu tun bakinsu na magana. In muka yi sakaci, jikokinmu za su sayi tarihin garinsu da kuɗin waje, kuma abin da baƙo ya zaɓa kaɗai za su samu.