Madubin Fim: Dariya Babu Surutu

Duk yaron da ke kai memori wajen masu turi a kasuwar Sabon Birni ko Isa ya san abin da ya fi tafiya: guntun fim na barkwanci, minti ɗaya, a kalla a waya a tura wa aboki. Ko a 2021, da aka katse layukan waya a yankin saboda 'yan bindiga, memorin ne ya riƙa ɗebe wa matasa kewa. To, wannan salo ya girmi kakanninmu.

A 1897 wani Bature ɗan Ingila, George Albert Smith, ya yi fim mai suna The Miller and the Sweep. Mai niƙa ne da buhun farin gari ya yi karo da mai share bututun hayaƙi da buhun baƙin kunkunniya, suka kaure da dambe, fari ya koma baƙi, baƙi ya koma fari. Bai kai minti ɗaya ba, kuma ko tari ba a ji, don a lokacin fim ba shi da murya. A 1901 kuma James Williamson ya yi The Big Swallow: mutum ya fusata ana ɗaukar sa, ya yi ta matsowa har bakinsa ya cika allo, ya haɗiye kyamara da mai ita, ya ja da baya yana tauna. Kai, wannan dabara ko yau sai darakta mai kai!

Daga wasan dandamalin Ingila ɗin nan Charlie Chaplin ya fito, kafin ya fara fim a Amurka a 1914. Finafinansa na cikin waɗanda motar majigi ta riƙa haska wa talakawa zamanin Turawa, kuma ba a nemi tafinta ba.

A nan ne ya kamata 'yan camamarmu su tsaya. Marigayi Rabilu Musa Ibro, wanda ya rasu a 2014, kan kashe mutane da dariya da tafiyarsa da zare ido tun kafin ya buɗe baki. Da yawan magadansa kuwa sai ihu, da ashar, da kwaikwayon Hausar wasu ƙabilu. Gwaji mai sauƙi ne: a rage muryar wayar gaba ɗaya, a miƙa wa Bagobirin Isa ko baƙonsa na Madawa, a ga ko zai murmusa.